Ina Yara Suke a Tarihin Kabi?

Tarihin kwarin Rima, yadda ake ba da shi a fada da cikin aji da bakin maroƙa, tarihin manya ne, manyan ma maza, mazan ma waɗanda ke bisa doki. Akan fara da Muhammadu Kanta, wanda ya ɓalle daga Songhai a farkon ƙarni na 16 ya kafa daular Kabi, ya gina Surame da ganuwarta ta dutse da har yau kufanta bai ɓace ba. Daga nan sai a gangaro kan zaman sarauta a Birnin Kebbi, da cin birnin da rundunar Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ta yi a 1805, da kashe Sama'ila Karari a 1831, da tashin ɗansa Yakubu Nabame a 1849, da doguwar sarautar Sama a Argungu daga 1883 zuwa 1915, a rufe da ziyarar Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu a 1934, wadda daga gare ta bikin kamun kifi na Matan Fada ya samo kamanninsa na yau. Babu ƙarya a wannan jeri, kuma ya cancanci a haddace shi. Amma irin wannan tarihi koma ce mai faɗin ido: manyan kifi take riƙewa, ƙanana su zube. Duk garin da aka ƙone tsakanin Gwandu da Argungu a waɗancan shekaru akwai yara a cikinsa. Su aka goya aka gudu da su cikin fadama, su aka tsinta bayan ƙura ta lafa, su aka fi korawa kasuwa don sun fi sauƙin kamu da saurin sabo da sabon gida. Ba wanda ya ajiye sunayensu. Ra'ayina shi ne, abin da zai dawo da waɗannan yara cikin tarihinsu shi ne ƙagaggen labari da aka gina bisa abin da ya faru da gaske, aka rubuta da Hausa don 'yan shekara 10 zuwa 15, yaro ɗan talaka ya zama tauraronsa, kuma ba a ɓoye wahalar da ya sha ba. Marubutan Kebbi su suka fi kowa hakkin wannan aiki, kuma sun makara.

Ba baƙon abu nake kira a shigo da shi ba, domin ƙagaggen labarin Hausa na boko da irin wannan ya fara tafiya. Cikin littattafan da suka fito daga gasar da Hukumar Fassara ta Zariya ta shirya a 1933 ƙarƙashin Rupert East akwai Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda ya rubuta shi yana saurayi ɗan shekara 20 da 'yan kai. Labarin yaro ne da aka sace, ya faɗa hannun bauta, aka ƙetare Sahara da shi, da uwar da ta bi sawunsa har ita ma aka sayar da ita. Marubucin bai tsaya lissafin bayi nawa ake fitarwa ta Murzuk a shekara ba. Uwa guda ɗaya ya sa mai karatu ya bi, kuma duk wanda ya bi ta ba zai sake ɗaukar cinikin bayi a matsayin kan darasi kawai ba. An mayar da littafin wasan kwaikwayo, Adamu Halilu ya yi fim ɗinsa a 1976, ɗalibai sun yi ta karanta shi don jarrabawa, sai dai hanyar da ya share ba ta sami mabiya sosai ba. Magana Jari Ce ya ba yara hikima da dariya da fadar sarki. Adabin kasuwar Kano, daga tsakiyar shekarun 1980, ya ba samari da 'yan mata soyayya da rikicin gidan aure, ya kuma yi abin a yaba wajen sa mata riƙon alƙalami. Amma yaron da ya wuce tatsuniya bai kai soyayya ba, ɗan aji shida na firamare ko ƙaramar sakandare, in ya leƙa wurin masu sayar da littattafai a kasuwar Birnin Kebbi, da wuya ya sami labari guda da zai nuna masa tsaransa a ƙasarsa shekara 100 ko 200 da suka wuce. Shi kansa Shaihu Umar, dattijon malami ne ke ba almajiransa labarin ƙuruciyarsa bayan komai ya wuce. Abin da muke bukata yanzu labari ne da zai tsaya a cikin ƙuruciyar, a lokacin da yaron bai san yadda za ta ƙare da shi ba.

Kayan aikin suna nan zube, har da yara na gaskiya da ƙafarsu ta taka wannan ƙasa. A farkon daminar 1853 matafiyin nan Bajamushe, Heinrich Barth, ya sauka Gwandu, ya bi ta Birnin Kebbi a hanyarsa ta zuwa Say da Tambutu, a daidai lokacin da yaƙin Kabawa ya sa hanyoyin yankin suka zama abin tsoro. Cikin masu yi masa hidima akwai wani yaro Bahaushe da bai kai shekara 15 ba, Dorugu, wanda mahara suka kama a ƙasar Damagaram yana ƙarami, aka raba shi da ubansa, aka yi ta sayar da shi har abokin tafiyar Barth, Adolf Overweg, ya 'yanta shi a Barno. Wannan yaro ya ga fadamar Rima da idonsa, ya kai har Ingila a 1855, ya ba wani ɗan mishan mai suna Schön labarin rayuwarsa da Hausa, aka buga shi cikin Magana Hausa a 1885, ya ƙare kwanansa a Kano a 1912 yana taimakawa a makarantar Ɗan Hausa. Yara nawa ne a Kebbi suka taɓa jin sunansa? Rabin ƙarni kafin shi akwai wata yarinya a ɗaya gefen tarihin. Nana Asma'u 'yar Shehu tana da shekara 11 ko kusa da haka lokacin hijira daga Degel zuwa Gudu a 1804. Ta rayu cikin yunwa da cuta da suka biyo bayan yaƙin Tsuntsuwa, tana cikin jama'ar da ta koma Gwandu a 1805, shekarar da aka sha kashi a Alwasa har abokan gaba suka taso wa garin. Daga baya ta waiwayi wannan tafiya a Waƙar Gewaye. A shekarar nan ta 1805 kuma, a tazarar da ba ta wuce tafiyar kwana ɗaya ba, akwai yaran Birnin Kebbi da suka ga Sarkin Kabi Muhammadu Hodi ya fice daga birninsa, suka bi iyayensu ba su san inda za a kwana ba. Su babu mai waƙarsu. Marubucin da ya ɗora waɗannan ƙuruciyoyi gefe da gefe ya sami littafi tun kafin ya ƙago komai.

Wani zai ce ai an dawo da darasin tarihi, littafin aji ya wadatar. Gaskiya ne an cire tarihi daga manhajar firamare da ƙaramar sakandare a wajajen 2009, kuma gwamnatin tarayya ta sake ƙaddamar da koyar da shi a watan Nuwamba na 2022, abin farin ciki ne. Amma littafin aji shekara yake bayarwa da sunan wanda ya yi nasara, yaro ya haddace ya zuba a takardar jarrabawa ya manta. Labari kuwa ba ya iya tafiya sai ya bayyana yadda abubuwa ke aiki. Wanda zai rubuta labarin ɗan masunci a Argungu a zamanin Sama dole ya nuna abin da ya sa hari ya fi yawa da rani: in gulbi ya cika ya malale fadama doki ba ya ƙetarewa, ruwan da ke ciyar da gari shi ke tsaronsa, in ya janye sai zukata su tashi. Dole ya nuna abin da ya sa ake noma kusa da ganuwa ana barin ƙasa mai kyau a nesa, da abin da ya sa aiken yarinya rijiya ko itace ya zama abin shawara a gida. Wanda zai rubuta labarin yunwar 1913 zuwa 1914, wadda a wurare da yawa na ƙasar Hausa ake kira Kakalaba, dole ya sa yarinyar labarinsa ta shiga tafki neman bado, ta jiƙa hanza kwana da kwanaki kafin ɗacinta ya fita, ta sussuke ƙarangiya don ƙwayar cikinta, ta tona gidan tururuwa don hatsin da suka tara. Dole kuma mai karatu ya ga mai karɓar haraji ya iso ƙauyen, domin masana tarihi sun nuna cewa harajin da Turawa suka wajabta a biya da tsabar kuɗi ya ƙara wa wannan yunwa tsanani, tun da manomi kan sayar da hatsinsa da kaka don ya biya. Yaron da ya karanta wannan ya koyi tattalin arziki da ilimin ƙasa da tsirran dajinsu ba tare da an kira su da waɗannan sunaye ba, kuma ya gane cewa rashin ruwan sama shi ke fara yunwa amma mutane ke yanke wanda za ta kashe.

Suka mafi nauyi, wadda ban raina ba ko kaɗan, ita ce ta masu cewa kada a tono abin da aka binne. Gwandu da Argungu sun yi mafi yawan ƙarni na 19 suna gaba. Yau jiha ɗaya suke, Kebbi da aka kafa a 1991, an yi auratayya, an haɗu a masallaci da kasuwa da ofis, tafiyar da ke tsakanin Birnin Kebbi da Argungu ba ta wuce awa guda a mota ba. Abin da wani gefe ke kira tawaye, ɗaya gefen ƙwato 'yanci yake kiransa. Ga kuma alfarmar shugabannin jihadi a zukatan Musulmi, wadda ba abin wasa ba ce. Me zai sa a miƙa wa yara wannan garwashi? Amsata ita ce garwashin yana hannunsu tuni, ta hanya mafi muni. Abin da yaro ke tsinta a yau shi ne kirarin gefensu: mun kore su, mun ƙone musu gari, ba su taɓa cin mu ba. Ana jin sa a bakin makaɗa, ana karanta shi a Facebook inda samari ke jifan juna da sunayen yaƙe-yaƙen da ba su san dalilinsu ba. Labarin jarumai shi ke raba mutane gida biyu, domin jarumin wani shi ne maharin wani. Labarin yaro ba ya rabuwa haka. Yunwar yarinyar da ke cikin Gwandu ana kewaye da garin da yunwar yaron da ya gudu daga Birnin Kebbi iri ɗaya ce, kuma ɗan Argungu da ya kwana uku yana karatu da zuciyar yarinyar Gwandu ba zai fito da ƙiyayyar jikokinta ba. Tarihin kansa ma bai rabu tsaf kamar yadda kirari ke raba shi ba. Yakubu Nabame, bayan an kashe ubansa, Sarkin Musulmi Muhammadu Bello bai kashe shi ba. Ya zauna a hannun Sakkwatawa kusan shekara 18, ya yi yaƙi tare da su, kafin a sallame shi a zamanin Aliyu Babba ya koma ya ɗaga tutar Kabi. An yi Lafiyar Toga, sulhun da aka ƙulla a zamanin Sarkin Kabi Abdullahi Toga, aka yi 'yan shekaru ana noma ana fatauci. Irin waɗannan kwana-kwana su ne abincin ƙagaggen labari, kuma su ne kirari ke tsallakewa. Sulhun da ziyarar 1934 ta tabbatar ma, wace daraja yake da ita a idon yaron da bai san abin da aka sulhunta ba? Hukumar UNESCO ta sa bikin Argungu cikin jerin al'adun duniya a 2016, amma abin da yawancin yara suka sani game da shi bai wuce nauyin giwan ruwan da aka kama da kyautar da aka bayar ba.

Sai dai wannan amsa tana da sharuɗɗa, kuma marubucin da ya karya su ya ba masu suka gaskiya. Kada a ƙaga magana a sa a bakin Shehu ko Malam Abdullahi ko Nana Asma'u ko wani sarkin Kabi. Su tsaya a gefen labari, a hango su suna wucewa, a ji labarinsu a bakin mutanen kasuwa, yadda yaron ƙauye na wancan lokaci zai san su. Yarinyar da za ta ɗauki labarin Gwandu ta zama tsarar Nana Asma'u, 'yar wani makiyayi ko baranya, wadda marubuci ke da ikon ƙaga ta. Kada kuma a ambaci gidan da ake iya ganewa a yau a jingina masa bauta ko cin amana. Wannan batu na bauta shi ne wurin da muka fi yin shiru, shirun kuma bai warkar da kowa ba. Dokar Turawa ta 1901 ta ce duk wanda aka haifa daga watan Afrilun shekarar ɗa ne, ba a kuma kammala soke bauta a dokar Arewa ba sai 1936, wato a zamanin da kakannin wasu masu rai suka gani. Har yau zancen asali kan taso a neman aure, yara kuma kan ji gorin a bakin manya su ɗauka. Yaro ya san zagin, bai san yadda mutum ke zama bawa ba. Bai san cewa sau da yawa abin da ya raba kakan wani da kakansa shi ne wane ne aka aika gona ranar da mahara suka zo. Labarin Baba ta Karo, da Mary Smith ta rubuta aka buga a 1954, ya nuna yadda ake sace matan gida da 'ya'yansu, dangi su yi ta haɗa kuɗin fansa. Littafin yara da zai bi yaro guda daga ranar kamu zuwa ranar fansa, ko ranar da fansar ta gagara, zai ɗauke kunyar daga kan wanda aka kama ya mayar da ita kan cinikin.

Akwai iyaye da malamai da za su ce yaran Kebbi sun ga wahala ta ishe su, a ba su abin da zai sa su dariya. Ba ƙarya suka yi ba. An kwashe ɗalibai daga Kwalejin Gwamnatin Tarayya ta Birnin Yawuri a watan Yuni na 2021. An kai hari garin Mera na ƙaramar hukumar Augie a watan Nuwamba na 2024. Ambaliyar 2010 da ta 2020 sun cinye shinkafar fadama sun raba iyalai da gidajensu. Ga almajiri da ƙoƙonsa, ga 'yar talla a bakin tasha. Amma daga wannan hujja ni akasin abin da suka fitar nake fitarwa. Yaron da ke cikin wahala abu biyu ke cin sa bayan wahalar kanta: yana zaton shi kaɗai ne, yana kuma zaton laifinsa ne ko na iyayensa. Ba zai iya zama a aji ya tattauna harin da aka kai garinsu bara ba, ciwon ɗanye ne. Amma zai iya tattauna yaron da ya gudu daga gari a 1805, ya faɗi tsoronsa da bakin wancan yaro, malami ya saurara. Nisan shekaru shi ke ba shi damar magana. Kakanninmu mata sun san wannan tun kafin boko: tatsuniya cike take da marainiya da kishiyar uwa da dodon da ke hana ɗiban ruwa, ba su taɓa ɓoye wa yara cewa duniya na da haƙora ba. Wasu ƙasashe ma haka suka bi. A Amurka, Lois Lowry ta ba 'yan firamare labarin mamayar Danmak a yaƙin duniya na biyu ta idon yarinya 'yar shekara 10 a littafinta na 1989, Linda Sue Park kuma ta ba su gudun hijirar wani yaron kudancin Sudan a littafinta na 2010, ana kuma karanta su a makarantu. Yaran da ba su taɓa jin ƙarar bindiga ba ana ganin sun isa su karanta wannan; me zai sa a ce namu da suka ji ba su isa ba?

Inda na yarda da masu wannan damuwa shi ne wajen awo. Littafin yara ba wurin baje jini ba ne. Ana iya nuna an kashe uba ta hanyar takalminsa da aka dawo da shi gida. Yaron labari kuma kada ya zama abin tausayi kawai da ake ja daga masifa zuwa masifa. Ya yi dabara, ya yi kuskure, ya yi wasa da abokai ko a tsakiyar gudu, domin yara na wasa ko a sansanin hijira. Hatsarin da na fi jin tsoro ma wani ne daban, kuma ya fi kusa da ɗabi'ar rubutunmu: a mayar da labarin wa'azin haƙuri, inda yaron kirki ke shan wuya bai ce uffan ba har wani attajiri ya tsince shi ya aura masa 'yarsa. Haƙuri halin kirki ne, addini ya yabe shi, amma littafin da ke koya wa ɗan talaka cewa aikinsa kawai ya jure, ba tare da ya tambayi wanda ya ɓoye hatsi da wanda ya buɗe rumbunsa ya raba ba, ya zalunce shi sau biyu. A kowace yunwa an yi masu ɓoyewa an yi masu rabawa, yaro kuma yana da hakkin ya ga duka biyun ya zaɓi wanda zai zama.

Masana tarihi da wasu malaman addini kan haɗu a kan wata damuwa: in an gauraya ƙage da gaskiya, yaro zai riƙe ƙagen a matsayin tarihi. Maganin wannan tsohon abu ne kuma mai sauƙi, shafi biyu a ƙarshen littafi da ke faɗa wa yaro ƙarara cewa wane da wance ni na ƙaga su, amma yaƙin kaza da yunwar kaza sun faru a shekara kaza. Sauran maganin aiki ne tuƙuru. Tazyinul Waraƙati na Malam Abdullahi da Infaƙul Maisuri na Muhammadu Bello suna nan. Littafin tafiyar Barth yana nan, da labaran da Frank Edgar ya tattara da Hausa aka buga tsakanin 1911 da 1913. Takardun lardin Sakkwato suna ma'ajiyar tarihi ta ƙasa a Kaduna, ga Gidan Arewa, ga cibiyar tarihi ta Waziri Junaidu a Sakkwato. A Argungu, tsohuwar fadar da ta zama gidan tarihi na Kanta a 1958 tana ɗauke da makamai da kayan su da marubuci zai gani da ido kafin ya siffanta su. Wanda ya yi wannan bincike ba zai sa yaron 1860 ya ƙirga sule ba alhali wuri ake kashewa, zai san gishirin Foga da ke ratsa ƙasar Kabi, zai san ayarin fatake da ke bi ta Jega zuwa Gwanja neman goro da yaran da ke kora jakunansu. Ƙagaggen labari da aka yi da irin wannan kulawa ya fi kusa da gaskiya a kan abin da yara ke tsinta yanzu a bakin titi, wanda ba shi da shafin ƙarshe da zai raba musu ƙage da tarihi.

Saura tambayar kasuwa, wadda ita ce ke kashe yawancin niyyoyi irin wannan: wa zai saya, wa ma zai iya karantawa, a jihar da kullum ake ambata cikin waɗanda suka fi yawan yaran da ba sa zuwa makaranta? Littattafan gasar 1933 ba kasuwa ta haife su ba. Hukuma ce ta nemi a rubuta, ta buga, ta kai makarantu, kasuwar ta biyo baya. Hukumar ilimin bai-ɗaya ta jiha tana sayen littattafai ko da ma. Abin da ake nema shi ne ta ware wani kaso don labaran da aka rubuta a kan ƙasar da yaran ke zaune. Bikin Argungu, da ya dawo a 2020 bayan kusan shekara 10 ba a yi ba, yana tara masu ɗaukar nauyi da ke ba da mota da kuɗi ga wanda ya kama kifi mafi girma. Kaɗan daga irin wannan kuɗi zai ɗauki gasar rubutu ta shekara-shekara da buga littafin da ya yi nasara. Yaron da bai iya boko ba kuma yana da kunne. Hausawa sun saba sauraron karatun littafi a rediyo, yanzu ma a waya, kuma babi ɗaya a mako a gidan rediyon jiha zai kai rugar da malami bai taɓa zuwa ba. A buga wasu da ajami don 'yan makarantar allo, waɗanda su ne suka fi kowa kama da yaran da ke cikin labaran, su ne kuma aka fi mantawa in ana zancen masu karatu.

In za a fara, ba da Kanta ya kamata a fara ba, duk da shi ne zai fi jan hankalin marubuci. A fara da farin 1973 zuwa 1974, saboda shaidunsa suna raye. Wanda yake ɗan shekara 10 a lokacin yau ya haura 60, yana zaune a Gulma ko Ambursa ko Kalgo ko Kamba, yana tuna ranar da aka sayar da saniya ta ƙarshe, da baƙin da suka gangaro daga Nijar da raƙuma ramammu, da irin hatsin agajin da aka raba da yadda ɗanɗanonsa yake. Matan cikinsu sun fi riƙe irin bayanin da labari ke bukata, domin su aka aika neman ganye, su suka goya ƙanne, kuma su ne ba a taɓa tambaya ba. Ɗaliban Hausa da na tarihi a Kwalejin Ilimi ta Adamu Augie da ke Argungu da Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi suna da waya a aljihu, kowannensu kuma yana da kaka ko maƙwabciya. Hutun zango guda ya isa su ɗauki muryoyin tsofaffin garuruwansu da izininsu, a ajiye a ɗakin karatu inda marubuci zai same su. Littafin farko daga nan ya kamata ya fito, kafin a koma kan 1914 da 1805 waɗanda takarda kaɗai ta rage musu shaida.